Ba Ruwa Baba Yake Sayarwa Ba

Jikata Rawan ce ta kawo mini ubana a tafin hannunta, tana dariya har da riƙe ciki. Ina zaune bayan la'asar ina tsince shinkafa ta faɗo kusa da ni, ta dungura mini waya a hanci, wai, "Sitti, shufi, kalli wannan tsoho, wallahi sai kin mutu da dariya." Hausarta ke nan, cakuɗe da Larabci, rabi a ruwa rabi a tudu. Na ce ta matsar da abin baya, idona ba na jiya ba ne. Da ta matsar sai na ga hoto baƙi da fari yana rawa, ga wani dogon mutum cikin babbar rigar da ba tasa ba yana tafiya zuwa kujera, kafaɗarsa ta dama ta sauka ƙasa da ta hagu. Ban jira fuska ba, tafiyar na gane, domin na bi ta a baya ina riƙe da gefen riga tun ban iya ɗaura zani ba. Mutumin nan ya bar duniya ba mu da hotonsa, ko ɗan wanda yake jikin takardarsa ruwan sama ya cinye shi wata shekara da ya shigo mana ɗaki. Yau ga shi yana motsi a gabana, kuma abin da ya dawo da shi shi ne yaran zamani sun tono shi suna ba'a.

A Hindawiyyar da na tashi, unguwarmu ta Hausawa a nan ƙasar Larabawa, wadda yanzu fili ce fetal tun da aka rushe ta aka watsa mu cikin benaye, ba a tambayar mutum sana'arsa. Kunne ne yake faɗa maka. Kana kwance za ka ji ƙararrawar mai kananzir da takun jakinsa, ka ji mai ƙera gwangwani ya fara ƙwanƙwasa yana mai da tsofaffin garewani fitilu da mazurari, ka ji bakan mai gyaran katifa yana kuka yana kaɗa auduga. Daga cikin gida kuma luguden mata ne, masu dakan hatsi na haya, wata tana waƙa wata tana amshi. In yamma ta yi hayaƙin mai tsire ya cika lungu, Larabawa su zo su yi layi suna karya sunan a bakinsu. A cikin duk wannan hayaniya ina iya tsamo sautin Baba. Sandar da yake ratayawa a kafaɗa tana da wani kuka siriri in garwa biyun sun cika, in kuwa babu komai a ciki sai su yi ta gaisawa da juna. Ga-ruwa ne, mutanen gari suna ce wa irinsu saƙƙa. Yakan ɗebo a famfon unguwa ya nufi tsohon gari, ya hau dogayen gidajen nan masu matakala kamar tsani, yana kiran "Ya Sattar" don mata su kauce, ya juye a randa ya sauko ya sake komawa.

Aikina da magariba shi ne in shafa masa man kaɗe a kafaɗa. Wurin ya yi kanta, baƙi ƙirin, da tauri kamar bayan kasko, in na danna da yatsa ba ya ko ji. A nan nake jin karatunsa, kuma karatun ɗaya ne kullum. In Inna ta yi kuskure ta ce, "Malam, yau an yi ciniki kuwa?" sai ya haɗe rai. "Cinikin me? Ruwa na Allah ne. Wa ya taɓa ƙera ɗigo ɗaya a cikinmu? Ladan ɗauka suke ba ni." Ba iya baki ba ne kuma. Akwai wani ɗan kofin silba da ke rataye a sandar, duk wanda ya tare shi da ƙishirwa sai ya sauke ya ba shi, ko da zai isa gidan mutane da garwa ba cike ba a yi masa tsawa ya koma ya ciko. Yakan ce wanda ya sayar wa mai ƙishi ruwa, ranar da harshe zai manne da ganɗa shi ma za a nemi ya biya. Haka duk tsofaffin ga-ruwanmu suka ɗauka, daga gida suka taho da abin a ka, tun suna bin hanyar hajji a ƙasa.

To yanzu fa? Yanzu in ka leƙa ta tagar benen nan namu na Aziziyya ba ka jin komai sai motoci da gurnanin na'urar sanyaya ɗaki. Kowa ya fito da fararen kaya da lallausan hannu, ba ka sanin wa ke gini wa ke rushewa. Na tambayi ɗana Abba aikinsa ya fi a ƙirga, kullum sai ya jero mini wasu kalmomi da ba su da hannu ba su da ƙafa, in ce to, Allah ya taimaka. Jikokina kuwa duk sana'arsu ɗaya, shafa gilashi da yatsa. Ruwa kuma ga shi nan a gorar roba, an yi masa suna an yi masa riga, yaro ya buɗe ya kurɓa sau ɗaya ya jefar da sauran a kwandon shara. Ina bin su ina tsincewa ina zuba wa tukunyar na'ana'ata, suna cewa tsufa ya fara taɓa ni.

A zamaninmu akwatin talabijin ɗaya ne a duk lungunmu, a gidan wani direban attajiri. Bayan sallar magariba yakan fito da shi tsakar gida ya ɗora a kan durom, manya a tabarma, mu yara a ƙasa, mata daga bakin ƙofar ɗaki. Ba duk abin da ake nunawa muke ganewa ba, amma akwai wani shiri da ko mai jego ba ta bari ya wuce ta. Mutum huɗu ne suke zaune a bayan tebur, manyan mutane masu karatu, sai a shigo da baƙo a zaunar da shi, su yi ta yi masa tambaya don su gano sana'arsa. Ba ya cewa komai sai i ko a'a. Duk a'a ɗaya mai gabatarwa ya buga 'yar ƙararrawa, in ta kai goma ba su gano ba baƙo ya ci su. Mu a tsakar gida mun fi su sauri. Wata tsohuwa mai ƙosai takan ce, "Ku bar sauraron baki, ku dubi hannu," kuma kafin a yi tambaya ta uku ta faɗa, wannan masunci ne, wancan mai gasa burodi ne, ga gashin hannunsa duk ya ƙone. Muna son shirin nan so na gaskiya, ba zan ɓoye ba. Shi ne kaɗai wurin da muke ganin an ba mai aikin ƙarfi kujera, manya suna lallaɓa shi ya ba su amsa.

Wata rana wani ma'aikacin gidan talabijin ɗin, wanda Baba yake kai wa gidansu ruwa, ya ce yana so ya kai shi shirin. Baba ya ce shi ba ɗan wasa ba ne. Ai kuwa unguwa ta taso masa. Ba a taɓa ganin Bahaushe a cikin akwatin nan ba, ga dama ta zo har gida zai sa ƙafa ya shure ta? Dattawa suka yi ta sintiri har ya sallama. Liman ya ba da aron babbar rigarsa ta Idi, wani ya kawo hula, wani turare, duk don a ɓatar da mutum huɗun nan su ɗauka wani alhajin kanti ne. Inna ta naɗa tsumma ta ɗinke a cikin rigar don kafaɗun su daidaita. Da ya saka ya ji tudu, ya zura hannu ya ɓalle shi ya miƙa mata, ya ce rigar aro ya yarda, amma ba zai je da kafaɗar aro ba. Ranar da aka ɗauki shirin ya dawo ya mayar wa liman rigarsa. Muka yi ta tambaya, shi dai "za ku gani" kawai. Muka ɗauka ja mana rai yake yi. Ranar da za a nuna, tsakar gidan direba ta cika har kan katanga, shi kuwa ya yi zamansa a masallaci.

Da ya bayyana a akwatin sai guɗa ta tashi. Aka fara. A zaune kake aiki? A'a, ƙararrawa. Aikinka yana son karatu? A'a, ƙararrawa. Abin da kake aiki da shi yana shiga cikin mutum? I. Ana samun sa a kowane gida? I. Mun ga sun kama hanya. Akwai wani mai tabarau a cikinsu, shi ne mai kaifin baki, ya gyara zama ya ce, "To ashe sayar da shi kake yi." Baba ya dube shi ya ce a'a. Daga nan suka ɓata. Suka ce kuku ne a gidan wani babba, suka ce mai rabon sadaka ne, suka ce mai ɗanɗana abincin asibiti ne, ƙararrawa tana ta bugawa muna ƙirgawa da ƙarfi har ta cika goma. Tsohuwa mai ƙosai ta tashi tana taka rawa da zaninta a hannu. Ni kuwa ji nake kamar ƙirjina zai tsage don alfahari.

Sai mai gabatarwa ya faɗi sana'ar. Mai tabarau ya bugi tebur ya ce an yaudare su, ya tambayi mutumin nan ko yana sayarwa ya ce a'a, alhali kowa ya san saƙƙa kuɗi yake karɓa. Mai gabatarwa ya juya wajen Baba yana magana a hankali kamar da ƙaramin yaro, "Ya Hajj, ba ka gane tambayar ba ne? Kana jin Larabci kuwa?" Baba ya miƙe tsaye. Larabcinsa mai nauyi ne, na wanda ya koya da girma a kan matakala, yana mai da mace namiji, namiji mace. Ruwa yake nufi da ya ce, "Moya ta Allah ce. Ni kafaɗata nake sayarwa," ya dafa ta da hannu. Mai gabatarwa ya dubi jama'ar da ke zaure, ya karkace kafaɗa, ya kwaikwayi muryarsa, sannan ya ce, "To kilo nawa ne, ya Hajj? A yanka mini rabi." Zauren ya fashe. Suka yanke cewa baƙo ya yi kuskuren amsa, don haka bai ci ba. Baba ya duba dama ya duba hagu yana neman fuska ɗaya da ta fahimta, da bai samu ba sai ya yi murmushi, irin wanda baƙo yake yi a gidan mutane in an taka shi. Murmushin nan ne har yau yake ƙona mini rai. A tsakar gida direba ya tashi ya kashe akwatinsa.

Washegari yaran gari suka sa shi a gaba, duk lungun da ya bi ana "kilo nawa, ya Hajj?" Bai fasa fita ba ko kwana ɗaya. Abin takaici har a cikin namu aka samu masu cewa ya kunyata mu, da ya ce i kawai da an wuce wurin. Inna ta yi faɗa da mata a bakin famfo har aka raba. Shi dai bai sake taka gidan direba ba, kuma ban taɓa jin ya zagi kowa ba. Sau ɗaya, ina shafa masa mai, ya ce kamar da kansa yake magana, "Da na ce i, da na yi ƙarya a gaban duniya." Daga baya aka ja famfo gida-gida, tankokin mota suka shigo, sana'ar ta mutu a tsaye. Ya koma gadin wani sito har ƙarfinsa ya ƙare.

Wannan guntun ne, daga shigowarsa zuwa dariyar, wani ya tono ya watsa a waya. Na ce wa Rawan ta sake kunnawa, ta sake, ta kuma sakewa, tana murna ta samo abin da ya burge Sitti. Muna haka Abba ya shigo. Yana jin muryar fuskarsa ta canza, ya karɓe wayar ya aiki yarinyar kicin, ya rufe ƙofa. Ashe ya daɗe da gani ya yi gum.

"Inna, don girman Allah ki rufa mini asiri," in ji shi. "Rawan ba ta sani ba. Mutanen nan ranar Alhamis matansu za su kawo kaya."

Mutanen nan su ne dangin yaron da ke neman Rawan, tsohon gida ne a cikin gari, masu ji da asali. Na ce to me ya haɗa kayansu da ubana?

"Sun tambayi asali. Na ce musu kakana ɗan kasuwa ne."

"Ɗan kasuwa? Mutumin da aka yi wa dariya a gaban duniya don ya ƙi cewa yana sayarwa, shi ka buɗe wa kanti a kabari?"

"Inna, zamani ne. Yarinyar nan tana son yaron. Halas, abu ya wuce, me za ki samu in kin tayar?"

Na dube shi, da farar rigarsa da agogonsa, na ce a raina albasa ba ta yi halin ruwa ba. Amma hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar, kuma Rawan a bayana ta girma, ni na yaye ta. Na san yadda take ɓoye murmushi in wayarta ta yi ƙara. Na ce masa na ji, zan kama bakina.

Na kama shi kuwa, Allah shaida. Ranar Alhamis suka zo da turarensu da akwatunansu, da wata tsohuwa da ta girme ni a keken guragu, kakar ango. Aka zuba shayi ana ta sannu-sannu. Sai wata budurwa a cikinsu ta shigo da akwati mai nauyi, ta dire, ta karkace kafaɗa ta ce da muryar nan ta kwaikwayo, "Ni kafaɗata nake sayarwa!" Falo ya ɗauka. Surukata matar Abba ta yi dariya, Rawan ta yi dariya. Na sunkuya ina kallon kofina, na cije leɓe har na ji gishirin jini.

Tsohuwar ce ta ɗaga hannu. Ta ce, "Ku bari, ni na san mutumin nan. Shi yake kawo mana ruwa tun ina budurwa har na yi 'ya'ya. Amintacce ne, ba ya ɗaga kai, ba ya zubar da ɗigo a matakala. Ba a samun irinsu yanzu." Tana yabonsa yadda ake yabon jaki mai haƙuri, amma duk da haka zuciyata ta yi sanyi, na ce ga wadda ta san shi. Na tambaye ta da Larabci, a hankali, ko tana tuna sunansa.

Ta yi ɗan tunani, ta yi dariya. "Wallahi, habibti, ya Hajj muke ce masa. Ai dukansu ya Hajj ne."

Dukansu. Kalmar nan ce ta kwance mini baki. Na ajiye kofi na ce, "Ni ba zan iya faɗa miki sunansa ba, domin a wajenmu 'ya ba ta kama sunan ubanta. Shi ya sa da na haifi ɗa na sa masa sunan, ban taɓa kiran sa da shi ba, Abba nake ce masa. Amma ku kun iya faɗa. Sunan da ke bin sunan amaryarku, wanda kuka yi ta ambata tun da kuka shigo, nasa ne. Kuma ba ɗan kasuwa ba ne, ga-ruwa ne, bai taɓa sayar muku da ko kofi ɗaya ba."

Ba wadda ta ƙara shayi. Budurwar nan ta rasa inda za ta sa idonta, tsohuwa ta yi ta juya carbi, can suka ce rana ta yi, za su kira. Rawan ta shige ɗaki ta kulle, ina jin kukanta ta bango. Har yau ba su kira ba, kuma ba ta kawo mini shayin safe kamar da. Kada wani ya ɗauka abin bai dame ni ba. Yana ci na dare da rana, in auren nan ya lalace na san da hannuna a ciki, kuma yarinyar ba ta yi mini laifin komai ba sai dariyar abin da aka ɓoye mata.

Abba ya yi kwanaki bai leƙo ɗakina ba. Da ya zo bai zauna ba, ya tsaya a bakin ƙofa ya ce, "Inna, kin yi mini alkawari. Kin san abin da kika jawo wa 'yata?"

Na ce na sani, kuma zan nemi gafararta ita, ba tasa ba. Na ce masa ofishin da ake canza suna yana nan a buɗe, ya je gobe da safe ya sauke wannan ya ɗauki na wani attajiri, ba zan hana shi ba. "Amma muddin an kira sunan nan ka amsa, Abba, kada ka sake mai da mai shi ɗan kasuwa."